Kazar da Ta Rikita Masu Majigi

A zamanin mulkin mallaka, wasu Turawan Ingila sun haska wa mutanen wani ƙauye a Afirka ta Yamma majigin tsafta. A ciki, wani mutum ne ke bin gwangwanaye a hankali yana zubar da ruwan da sauro ke hayayyafa a cikinsa. Da aka tambayi 'yan kallo me suka gani, sai suka ce kaza.

Wace kaza kuma? Masu fim ba su san da ita ba. Suka koma suna duba shi hoto bayan hoto, sai ga ta can a kusurwa ta gifta, gilmawar da ba ta wuce ƙiftawar ido ba. Wani mai suna John Wilson ya ba da labarin a 1961, marubuci Marshall McLuhan ya sa shi a littafinsa na 1962, aka yanke hukunci: wai idon wanda bai yi boko ba ba ya iya haɗa hotuna su zama labari. William Sellers, jami'in tsafta a Najeriya da ya jagoranci sashen fina-finan mulkin mallaka (Colonial Film Unit) daga 1939, da ma haka ya ɗauka, shi ya sa fina-finansa ke tafiyar hawainiya.

Sai dai Wilson da bakinsa ya ce da aka matsa da tambaya, 'yan kallon sun ambaci mutumin. Ashe sun gan shi.

A 1952 wani mai bincike, Peter Morton-Williams, ya bi motar majigi zuwa ƙauyukan Hausawa, Yarabawa, Ibo da Birom. Ya saurari hirar 'yan kallo, ya sa 'yan makaranta rubuta abin da suka gani. Ya tarar suna gane fim sarai, abin da ba ya shigarsu shi ne wa'azin da bai dace da rayuwarsu ba.

A Nijar ma an ga haka. A 1954 mai shirya fim Jean Rouch ya haska wa Sorkawan garin Ayorou fim ɗin farautar dorina da ya ɗauke su. Suka kushe kiɗan da ya saka, suka ce zai ƙara wa dorina ƙarfin hali. Wanda ya iya gyara wa mai fim aikinsa, ai ba a ce bai gane ba.

A ganina, tambayar ce ta gurgunta binciken. Wanda aka ce masa "me ka gani?" abin da ya ja hankalinsa zai faɗa. Zubar da ruwa kullum ana yi a kowane gida, kazar ce kaɗai ta yi abin da ba a zata ba.