Kyamarar da ta ba da shaida a kotu tun kafin zuwan wayar hannu

Yau idan aka zo rushe gidaje a unguwa, kafin buldoza ta ja da baya bidiyon ya zagaya WhatsApp. Wannan ɗabi'a ta samo asali ne daga wata na'ura da Sony ya fitar a 1967, wadda aka fi sani da Portapak.

Kaya biyu ne: kyamara a hannu, da akwatin naɗa da ake ratayawa a kafaɗa, mai nauyin da zai sa ka karkace. Hotonta baƙi da fari ne, faifai ɗaya kuma ba ya wuce minti 20 zuwa 30. Duk da haka ta zo da abin da fim bai da shi. Fim sai an kai shi wanki, a biya kuɗi, a jira kwanaki. Bidiyo kuwa ana iya kallonsa a ranar da aka ɗauka, kuma mutum ɗaya ya isa ya sarrafa na'urar.

A Kanada, hukumar fina-finai ta ƙasar ta ba kwamitin mazauna St-Jacques, wata unguwar talakawa a Montreal, irin wannan na'ura. Da kansu suka riƙa yin hira da maƙwabta a titi kan halin da suke ciki, sannan su nuna faifan a wurin taro, muhawara ta tashi. Fim ɗin VTR St-Jacques na 1969 ya nuna yadda aka yi.

Labarin Landan ya fi ɗaukar hankalina. A farkon shekarun 1970, gidaje da yawa a Kentish Town suna zaune babu kowa, ana jiran a rushe su, sai marasa muhalli suka shige suka zauna ba da izini ba. Sue Hall, wadda ta yi aiki tare da John Hopkins, tana cikinsu da kyamara. A 1974 ta naɗi lokacin da ake korar mutane daga wani gida, har da yadda 'yan sanda suka kama wani matashi baƙar fata. Lauyoyinsa suka gabatar da faifan a kotu, aka kuma wanke shi.

Abin lura shi ne ba ta yanka hoton ba, a tafiya ɗaya ta ɗauke shi, don haka da wuya a ce an yi masa kwaskwarima. Mai ɗaukar irin wannan da waya, ya riƙe ainihin fayil ɗin, domin wanda aka tura ta WhatsApp an matse shi, ingancinsa ya ragu.