Kafin Ka Sayo Wa Injin Esfireso Sabuwar Matata

Injin haɗa gahawa irin na Italiya, wanda ake kira esfireso, ya fara shigowa gidajenmu, kuma yawanci ta ƙofar gwanjo yake shigowa. Wani a Kano ya tsinto shi cikin kayan lantarkin da aka gama yayinsu a Turai, wani ɗan'uwa ne ya aiko masa daga waje, wani kuwa cikin kayan ɗakin amarya ya zo. A garinmu Dutsi, inda teburin mai shayi da Nescafé ɗinsa ke riƙe da gari har gobe, gidajen da ke da wannan inji ba su da yawa. Amma da yake an ji ina karatun injiniyan kanikanci, idan na je hutu akan kawo mini in duba. Sau da yawa famfon lafiya lau, wutar ma na kamawa. Abin da ya ajiye injin a saman kabad wani ɗan kwanon ƙarfe ne: ya ɓata, ko ya lotse, ko kuma tun a wajen mai gwanjo ba a haɗo da shi ba.

Wannan ɗan kwano shi nake kira matata. A cikinsa ake zuba garin gahawa, gindinsa cike da ƙananan huji. Yana zama ne cikin wani ƙarfe mai hannu kamar ludayi, wanda ake murɗawa a bakin inji. Shi kuma bari mu kira shi mariƙi. Tsarin tsoho ne, tun injin da Luigi Bezzera ya yi wa rajista a Milan a 1901 ake ɗaura mariƙi haka.

Da ido za ka ce ai rariya ce kawai, kowace aka samu ta yi. To, 'yan'uwana na sashen kanikanci, mu yi ɗan lissafi. Ana son ruwa mai zafin digiri 90 da 'yan kai ya ratsa garin da matsin bar 9. Tayar ƙaramar mota bar 2 da ɗoriya take ɗauka. Matata mai faɗin milimita 58 tana da fili na murabba'in santimita 26 da wani abu, bar ɗaya kuma kusan kilo ɗaya ne a kan kowane murabba'in santimita. Idan ka ninka, nauyin da ke danna wannan ɗan kwano ya kai wajen kilo 240, kusan buhun siminti biyar kenan. Leɓen matatar ne ke manne wa robar da ke bakin inji ya tare duk wannan. Idan leɓen bai zauna daidai ba, tafasasshen ruwa da gari ta gefe za su feso, kuma hannunka ne a wurin. Kada kuma "15 bar" da aka buga a jikin kwali ta ruɗe ka, wannan iyakar ƙarfin famfon ne.

Saboda haka aikin farko awo ne. Babu girma ɗaya da duk kamfanoni suka yarda da shi. Milimita 58 shi ne na manyan injunan shaguna, wanda ya bazu tare da injin Faema E61 na 1961, kuma shi ne a ƙananan injunan gida irin su Gaggia Classic da Rancilio Silvia. Breville, wanda a Ingila ake sayar da shi da sunan Sage, milimita 54 yake sa wa Barista Express da Bambino. De'Longhi Dedica da yawancin ƙananan injuna masu sauƙin kuɗi milimita 51 ne, kuma irin waɗannan aka fi kawo mini. Akwai ma masu 53 da masu 49. Bambancin 53 da 54 ido ba ya ganinsa, rula ta 'yan firamare ma ba za ta nuna maka shi da kyau ba. Ka ari ma'aunin baniya na wokshof, wanda muka sha wahalar koyon karanta shi a shekarar farko. Yau ga ranarsa.

Wuri uku ake aunawa. Faɗin cikin baki, shi ne lambar da masu sayarwa ke rubutawa. Sai faɗin leɓe daga waje zuwa waje, wanda a matatar 58 yakan kai wajen milimita 70, kuma yana iya bambanta ko da cikin ya zo ɗaya. Sai zurfi. Idan tsohuwar matatar ta ɓata gaba ɗaya, ka auna cikin mariƙin, ka tuna zai ɗan ɗara lambar matatar tunda a cikinsa take zama. Sannan ka kifa injin ka kwafi lambar samfurinsa da ke ƙasa. Wanda kuma mariƙin ma babu, ya leƙa bakin injin ya ƙirga gurbin kunnuwa, domin a cikin masu 51 ɗin akwai mai kunne biyu, akwai mai uku, kuma ba sa shiga gurbin juna.

Inda aka fi asarar kuɗi shi ne bayan awo. Matata iri biyu ce, kuma daga sama kamarsu ɗaya. Juya gindinta. Idan ka ga ɗaruruwan huji, ka ɗaga ta sama haske ya ratso, wannan mai bango ɗaya ce. Idan kuwa gindin a shafe yake, sai huji guda tak a tsakiya kamar bakin allura, mai bango biyu ce: hujojin suna ciki, an rufe su da wani bangon daga waje.

Duk wanda ya taɓa ganin ana tace gasara ya san yadda mai bango ɗaya ke aiki. Da farko ruwa na zuba shaa, da dusa ta taru a kan matacin sai ya koma ɗiga. Dusar ce ta tare shi. Haka a nan, hujojin matatar ba su ne ke riƙe ruwa ba, garin gahawar da aka danne shi ne madatsar. Idan garin ya yi laushi daidai kuma ƙwayoyinsa sun zo kusan girma ɗaya, ruwa zai sha wahalar wucewa, matsi ya hau, ya kwaso mai da ƙanshi da zaƙin da ke ciki. Idan garin tsaki-tsaki ne, kafin ka ƙirga goma kofin ya cika da wani ruwa salam mai tsami. Idan ya yi luƙwi kamar fulawa, injin ya yi ta gurnani ko ɗigo babu. Idan kuma gauraye ne, wani wuri laushi wani wuri tsaki, ruwa zai nemi inda ya fi rauni ya fasa ta nan, kamar yadda ruwan damina ke yanke kunya ta wuri ɗaya ya bar sauran gonar. Abin da zai sauko ga ɗaci ga tsami a kofi guda.

Mai bango biyu ba ta dogara da garin ba. Wannan huji guda shi ke tare ruwan, matsi ya taru ko da garin bai yi daidai ba, kuma yayin da gahawar ke tsartuwa ta cikinsa sai ta yi kumfa a sama. Masana za su ce maka wannan kumfa ta bogi ce, kuma ɗanɗanon ba ya kai na mai bango ɗaya idan an haɗa ta yadda ya kamata. Gaskiyarsu. Amma "yadda ya kamata" ɗin nan yana nufin kana da injin niƙan gahawa na musamman, mai haƙora biyu da ake matsawa kaɗan-kaɗan, wanda kuɗinsa kan kai na injin esfireson gwanjon ko ya fi, kuma kana samun ƙwayar gahawa da ba a daɗe da soyawa ba. Mu faɗa wa juna gaskiya, tsakanin Dutsi da Daura mutum nawa ke da wannan? Turmi ba zai ba ka gari mai girma ɗaya ba, bilenda ma haka. Injin markaɗen unguwa kuwa, sai dai in kana son esfireso mai ƙanshin attaruhu. Yawancinmu garin leda ko na gwangwani muke saya a kanti a Katsina ko Kano, wanda aka niƙa watanni da suka wuce.

Don haka idan aka tambaye ni, amsata ga mai sayen niƙaƙƙen gari ita ce ya sayi mai bango biyu, kuma kada bidiyon YouTube su sa shi jin kunya. Na ga wani yayanmu ma'aikacin lafiya ya yi odar matata mai tsada daga waje saboda ya ga ana yabonta, ta iso bayan makonni, girmanta ya yi daidai, amma gahawarsa ta koma ruwa-ruwa fiye da da. Matatar ba ta da laifi, garinsa ne ba nata ba. Ranar da ka mallaki injin niƙa, to ka koma mai bango ɗaya, a nan za ka ji bambancin da ake faɗa. Wajen sauyawar ka duba cikin mariƙin, domin wasu injunan a nan aka ɓoye abin tare ruwan. Gaggia Classic, misali, yana da wani ɗan baƙin tsinke na roba da ke aiki da mai bango biyu, ana cire shi idan an sa mai bango ɗaya.

Af, Nescafé ba ya shiga matata ko wace iri. Shi an riga an dafa shi an busar, narkewa kawai yake yi. Gahawar Larabawa da alhazai ke tsarabarta ita ma tafasa ta ake yi, ba don wannan inji aka yi ta ba.

Sai maganar ɗauka. A al'adar Italiya giram 7 ne na kofi ɗaya, 14 na biyu. Shagunan zamani sun fi aiki da giram 18, su fitar da wajen giram 36 na gahawa cikin daƙiƙa 25 zuwa 30. Idan guda ɗaya kuɗinka zai saya, ɗauki ta kofi biyu. Ta kofi ɗaya gindinta a tsuke yake kamar mazurari, garin ba ya dannuwa bai-ɗaya, tana ba ƙwararru ma wahala. Akwai wata mara zurfi sosai da kan zo cikin kwali, wannan ta gahawar da aka ƙunshe cikin takarda ce, kada mai kanti ya haɗa ka da ita. Kuma kada kwaɗayin babba ya ja ka: matata mai zurfi ba ta shiga mariƙin da aka shimfiɗa wa roba a ciki, irin na ƙananan injuna da yawa. Shi ya sa na ce a auna zurfi.

Kowace matata da adadin da take so, ka wuce ko ka gaza da giram ɗaya babu komai, fiye da haka akwai magana. Dole a bar 'yar tazara tsakanin garin da rufin da ruwa ke fitowa. Gwajin mai sauƙi ne: ka zuba, ka danne, ka ɗora tsohuwar kwandala a kai, ka ɗaura mariƙin ba tare da ka kunna ruwa ba, sannan ka kwance. Idan kwandalar ta nutse ta bar shaida, garin ya yi yawa. Madannin ma ya zama girman matatar, na 51 a cikin 54 zai bar gefe a sake.

Wasu matatun suna da ɗan tudu zagaye da jikinsu wanda wayar cikin mariƙi ke kamawa, wasu sumul. Mai tudu ba ta faɗowa idan ka buga mariƙin za ka zubar da tuƙa, sumul ta fi sauƙin cirewa. Wannan ba ya canza ɗanɗano.

Masu tsadar nan, irin na kamfanin VST na Amurka da IMS na Italiya, abin da kake biya shi ne daidaiton huji: kowane wajen milimita 0.3, girma ɗaya, a jere har kusa da gefe. Ruwa ya fi saurin wucewa a cikinsu, don haka sun fi kowace matata buƙatar gari mai laushi da injin niƙa na kirki. Wannan lamba ta 0.3 ita ce kuma amsata ga abokan da ke cewa mu ƙera a wokshof ko a kai wa maƙeri. Huda ɗaruruwan irin wannan a jikin ƙarfe mara tsatsa, su fito girma ɗaya ba tare da kaifin baki ba, ya fi ƙarfin kayan aikin da muke da su. Ƙusa da guduma kuwa rariyar dambu za su ba ka.

Kafin ka fitar da ko sisi, ka tabbata tsohuwar ta mutu da gaske. Man gahawa na daskarewa cikin huji, ruwan rijiya da na burtsatse kuma a wurare da yawa suna barin farin dutse irin wanda ke kama cikin butar shayi. Ka jiƙa ta cikin ruwan zafi da sabulun wanke-wanke, ka goge da tsohon buroshin haƙori, farin dutsen kuma ruwan lemon tsami na cinye shi. Hujin nan guda na mai bango biyu da siririyar allura ake buɗe shi, a hankali, kada a faɗaɗa. Idan matsalar yoyo ce ta gefe, fara duba robar bakin inji: zafi da daɗewa suna busar da ita ta yi tauri ta tsage, kuma injin gwanjo ya riga ya sha shekaru kafin ya iso hannunka. Matatar da za a yar ita ce wadda leɓenta ya lanƙwashe, ko gindinta ya tsage ko ya kumburo, ko hujojinta suka buɗe.

Samunta a kasuwannin kusa da mu sai an dace, yawanci oda ake yi ta intanet ko a sa wani ya duba a Kano. Kada ka tsaya a kan rubutun "ta dace da kowane inji". Ka tura wa mai sayarwa lambar samfurin injinka da awon nan uku, ka ce ya ɗauko maka hoton gindin matatar, ba samanta ba. Tunda kuma kuɗin motar da za ta kawo saƙon Dutsi ɗaya ne ko kaya ɗaya ko biyu, ka sa a haɗo maka da robar bakin inji a ƙunshi guda.