Hannu na Biyu a Satar Yaro: Darasi Daga Shari'ar Hanifa

Ranar Alhamis, 28 ga Yuli, 2022, mutum uku ne suka tsaya a gaban Mai Shari'a Usman Na'abba na Babbar Kotun Jihar Kano suna jiran hukunci. Ɗaya daga cikinsu babu wanda bai san sunansa ba: Abdulmalik Tanko, mai makarantar Noble Kids Academy, wanda ya sace ɗalibarsa Hanifa Abubakar, 'yar shekara biyar, ya kuma kashe ta. Sauran biyun, namiji da mace, kaɗan ne suka riƙe sunayensu. Alƙali ya yanke wa Tanko hukuncin kisa ta hanyar rataya. Abokinsa Hashimu Isyaku ma hukuncin da ya samu ke nan. Macen kuwa ɗaurin shekara biyu aka yi mata, shekara ɗaya kan haɗa baki, ɗaya kan yunƙurin aikata laifi.

Laifi ɗaya, yarinya ɗaya, amma tsakanin hukuncin abokan laifin biyu akwai nisan da ke tsakanin igiyar rataya da shekara biyu a kurkuku. Wannan tazara ita ce ƙofar fahimtar mutumin da ba a cika maganarsa ba idan an sace yaro: wanda bai ɗauki yaron da hannunsa ba, amma da babu shi da satar ba ta yiwu ba, ko kuma da ba ta daɗe a ɓoye ba.

An sace Hanifa ranar 4 ga Disamba, 2021, tana dawowa daga Islamiyya a unguwar Dakata. Ba a ja ta da ƙarfi ba, domin malaminta ne ya kira ta, ta kuwa bi shi. Bisa bayanin da rundunar 'yan sandan Kano ta bayar ta bakin kakakinta, Abdullahi Haruna Kiyawa, tun kafin ranar Tanko ya nemi Hashimu da macen su sato masa yarinyar, shirin bai yiwu ba, sai ya yi da kansa. Ya kai ta gidansa a Tudun Murtala, ya nemi naira miliyan shida kuɗin fansa, har ya shiga cikin masu zuwa yi wa iyayenta jaje. Da ya ga yarinyar ta san shi, kuma ranar da ta koma gida asirinsa ya tonu, sai ya ba ta maganin ɓera na naira ɗari. A nan ne ya sake buƙatar hannu na biyu, ya kira Hashimu suka binne ta a wani rami cikin harabar makaranta.

Kusan mako bakwai iyayen suna jira. Hoton Hanifa ya zaga wayoyin jama'a, an yi cigiya, an yi addu'o'i a masallatai. A duk tsawon wannan lokaci akwai mutanen da suka san cewa an taɓa shirya sace wannan yarinya, suka kuma san wanda ya shirya. Amma ba daga bakinsu aka kama Tanko ba. Jami'an tsaro ne suka bi diddiginsa har suka cafke shi a watan Janairun 2022, lokacin da ya zo karɓar kuɗin fansa.

Satar yaro ta bambanta da yawancin laifuffuka ta fuska guda: ba a gama ta a daƙiƙa ɗaya. Mai fizgen waya ya fizga ya ruga, shi ke nan. Wanda ya saci yaro kuwa ya ɗauko wa kansa rai mai jin yunwa, mai kuka, mai kiran sunan uwarsa. Dole a samu ɗakin ajiye shi, a samu mai ba shi abinci, mai lallashinsa, mai amsa tambayar maƙwabta. Dole a samu layin wayar da za a kira iyaye da shi, da wanda zai je ɗauko kuɗi, ko wanda zai sayi yaron idan sayarwa za a yi. Kowanne daga cikin waɗannan wurin zaman mutum ne, kuma kowane mutum da aka ƙara wata dama ce ta ceton yaron, idan da zai buɗe baki.

Shari'ar yaran Kano tara ta nuna tsawon wannan sarƙa ƙarara. A watan Oktoban 2019 'yan sanda suka sanar da ceto yara tara da aka sace daga unguwanni irin su Sauna, Kawo, Hotoro, 'Yankaba da Dakata, aka kai su Onitsha a Jihar Anambra aka sayar. An sauya musu suna, wasu ma Hausa ta ɓace a bakinsu. Wanda ke ɗauko su, Paul Owne, a Kano yake zaune da matarsa. Ya amsa tuhuma 38, kuma a watan Yulin 2021 Mai Shari'a Zuwaira Yusuf ta ɗaure shi shekara 104. Sai dai mutum ɗaya ba ya iya ɗaukar ƙaramin yaro ya ratsa jihohi da shi ya sayar. Akwai macen da za ta riƙe yaron a tashar mota don a ɗauka uwa ce da ɗanta, akwai dillali a can ƙarshen hanya, akwai mai saye da ya karɓi yaro bai damu da inda aka samo shi ba. Shi ya sa aka gurfanar da matar Owne da wasu mutum biyar. Sun musanta, shari'arsu ta ja, har zuwa 2025 da kotun ta same su da laifi ta ɗaure kowa gwargwadon rawar da ya taka.

Ba don mata sun fi mugunta ake yawan samun mace a wannan sarƙa ba. Dalilin shi ne yardar da jama'a suka ba mace a kan yaro. Idan aka ga namiji shi kaɗai yana jan yarinya tana kuka, sai a tare shi a tambaya. Idan mace ce, sai a ce mata ta yi haƙuri da rigimar yara. Ɓarayin yara sun san haka, kuma wannan yarda ce suke saye ko su ara.

Wani lokaci ma ara suke yi ba da sanin mai ita ba. Matar Tanko ta shaida wa kotu cewa mijinta ya kawo mata Hanifa a matsayin 'yar wata malamarsu da ta yi tafiya. Ba ta cikin waɗanda aka gurfanar, shaida ta bayar. A nan ne doka ta ja layi. Ciyar da yaro ba laifi ba ne, ba shi masauki ba laifi ba ne. Abin da ke mayar da su laifi shi ne sani da niyya.

Kundin dokokin laifuffuka na Final Kod, wanda aka kafa wa Arewa a 1959, ya karkasa abokan laifi daki-daki. Sashe na 79 ya tanadi cewa idan mutane da yawa suka aikata laifi da manufa guda, kowannensu zai ɗauki laifin kamar shi kaɗai ya aikata. Sashe na 83 da na 85 sun yi magana kan wanda ya zuga, ko ya taimaka da gangan, hukuncinsa kuma daidai yake da na laifin da aka aikata sakamakon taimakonsa. Sashe na 96 da na 97 sun mayar da haɗa baki laifi mai zaman kansa, ko da shirin bai kai ga nasara ba. Sashe na 167 kuma ya kama wanda ya ɓatar da hujja ko ya yi ƙarya don ya kare mai laifi. Da wannan ma'auni ake gane hukuncin shari'ar Hanifa. Kotu ta ga hannun Hashimu tun daga shirin farko har bakin rami, sai ta haɗa shi da Tanko. Macen da aka gurfanar tare da su kuma a shirin da bai yiwu ba aka tabbatar da hannunta, sai hukuncinta ya tsaya nan.

Fiƙihun Musulunci ya riga ya taka wannan fage tun ƙarni na farko. Imam Malik ya ruwaito a Muwaɗɗa cewa Sayyidina Umar ɗan Khaɗɗabi ya zartar da kisa a kan mutum biyar ko bakwai saboda rai ɗaya da suka kashe ta hanyar yaudara, ya kuma bayyana cewa ko mutanen Sana'a duka ne suka haɗu a kan kisan, haka zai yi musu. Malamai sun yi saɓani kan wanda ya riƙe mutum wani ya kashe shi. Abu Hanifa da Shafi'i suna ganin makashin ake kashewa, mai riƙon a hukunta shi da abin da bai kai kisa ba. Malik kuwa, wanda mazhabarsa ake bi a ƙasar Hausa, yana ganin idan mai riƙon ya san kisa ake nufi, to su biyun ake kashewa. Ko a nan ma, sani ne ma'aunin.

Mafi ɗaci a tarihin irin waɗannan shari'o'i shi ne abin da ya faru a Beljiyam. A watan Yunin 1995 aka sace 'yan mata biyu 'yan shekara takwas kusa da birnin Liège, Marc Dutroux ya kulle su a wani ɗakin ƙarƙashin ƙasa da ya gina a gidansa. A Disambar shekarar aka ɗaure shi kan wani laifi daban, ya shafe sama da wata uku a tsare. Matarsa Michelle Martin, wadda ta yi karatun koyarwa, ta san yaran suna ciki. Tana zuwa gidan ta ba karnuka abinci, amma ba ta ciyar da yaran ba, ba ta kuma faɗa wa kowa ba, alhali mijin da take cewa tana tsoro yana kurkuku. Yunwa ta kashe su. A 2004 kotu ta ɗaure ta shekara 30, shi kuma rai da rai. A wannan shari'a dai, wasu 'yan mata biyu sun fito da ransu a watan Agustan 1996, domin wani da ya ga motar da aka ɗauki ɗayarsu ya riƙe wani ɓangare na lambarta ya kai wa 'yan sanda. Matar da ta san komai ta yi shiru an rasa biyu, baƙon da ya san kaɗan ya yi magana an ceci biyu.

Me ke sa mutum ya shiga, kuma me ke hana shi fita? Kuɗi ne kan gaba, sau da yawa kuma kuɗin da bai taka kara ya karya ba. Sai soyayya ko aure, sai abota, sai nauyin wanda ya taɓa yi wa mutum alheri. Da wuya a fara da cewa mutum ya zo a yi kisa. Ana farawa ne da ƙaramin aiki: ara mini layinka, riƙe mini yarinyar nan kwana biyu, raka ni wani wuri da dare. Da zarar ya yi na farko, sai ya ga idan ya tona asiri kansa zai fara tonawa. Daga nan tsoro ne ke riƙe shi, shi kuma uban tafiyar ya san haka.

A dazukan Arewa maso Yamma abin ya zama sana'a. Hausawa sun ce da ɗan gari akan ci gari, kuma ɗaliban Ƙanƙara sama da 300 a Disambar 2020, da 'yan matan Jangebe 279 a Fabrairun 2021, da yaran Kuriga 137 a Maris na 2024, waɗanda 'yan bindiga suka sace, ba iska suka sha a daji ba. Akwai mai kai wa 'yan bindiga burodi da shinkafa, mai sayar musu da fetur a jarka, mai gyara musu babur, da infoma da ke zaune cikin gari yana kai rahoto. Ganin haka ne ya sa a Satumbar 2021 aka katse layukan waya a Zamfara aka kuma hana sayar da fetur a jarka, sannan a Yunin 2022 Gwamna Bello Matawalle ya sa hannu kan dokar da ta haɗa masu kai bayanai cikin waɗanda za su fuskanci hukunci mai tsanani.

Tsananta hukunci daidai ne, amma shi kaɗai ba ya dawo da yaro gida. Abokin laifi shi ne raunin kowace ƙungiyar masu sata, kuma doka ta san amfaninsa. Sashe na 198 na Dokar Shaida ta 2011 ya yarda abokin laifi ya ba da shaida a kan wanda ake tuhuma, tare da jan hankalin alƙali cewa akwai haɗari a ɗaure mutum da maganarsa ita kaɗai, domin mai neman kuɓuta yana iya ɗora wa wani. Sai dai wannan shaida ce ta bayan an riga an kama. Abin da iyaye ke buƙata shi ne maganarsa tun yaron yana numfashi. Wannan kuwa ba za ta samu ba sai mai shakka a zuciyarsa ya tabbata cewa sunansa ba zai koma kunnen waɗanda ya tona ba, kuma kotu za ta bambanta wanda ya kai kansa aka ceci yaro da wanda ya yi gum har aka tono gawa. Wannan aikin 'yan majalisa ne da ma'aikatun shari'a da 'yan sanda, su shimfiɗa hanyar su kuma sanar da ita a rediyo da harshen da kowa ke ji.

Sauran aikin na cikin gida ne. Matar da mijinta ya kawo mata yaron da ba ta sani ba tana da ikon ta ce a haɗa ta da uwarsa a waya. Mai gidan haya, da mai unguwa, da direban tasha, da mai adaidaita sahu, duk suna da ikon tambayar ɗan wane ne wannan, kuma ina za a kai shi. Makarantu su rubuta sunan wanda aka yarda ya ɗauki kowane yaro, kada a miƙa shi ga wani, ko da malaminsa ne.

Wanda kuma aka taɓa yi wa tayin irin wannan aiki ya ƙi, ya sani ƙin bai sauke masa nauyi ba, domin wanda ya yi tayin zai nemi wani ko ya yi da kansa, kamar yadda ya faru a Dakata. Ya je ofishin 'yan sanda mafi kusa, ko ofishin hukumar NAPTIP mai yaƙi da fataucin mutane, ko ya kira lambar gaggawa ta 112, ya faɗi sunan mutumin da sunan yaron a ranar da ya ji.