TSOFAFFIN MA'AIKATAN ƘANANAN HUKUMOMI NA JIRAN HAƘƘINSU

'Yan'uwa manoma da makiyaya, kun san su duka. Mai gadin ofishin magajin gari, mai sharar kasuwa, direba, da malamin da ke rubuta takardar haihuwa. Sun yi wa jama'a aiki har ƙarfi ya ƙare. Amma in an sallame su, wasu sai su daɗe suna jira ba su ga kuɗin fanshonsu ba. Tsoho ya sayar da akuya, ya ci bashin hatsi, yana sa ido a hanya. Mene ne ya kawo haka?

Asusun kamar rumbun tsimi yake

A shekarar 1965 aka kafa asusun kula da ma'aikata na ƙasa, wanda ake kira CNSS. Ƙananan ma'aikata irin waɗannan, can ake ajiye musu kuɗin tsufa. Manyan ma'aikatan gwamnati kuwa suna da nasu asusun daban, shi ne CARENI.

Ga yadda abin yake. Kowane wata ana cire kashi 5,25 cikin 100 na albashin ma'aikaci. Mai albashin jaka 40, ana cire masa jaka 2 da dala 20. Sai ƙaramar hukuma ta ɗora nata kason, ta kai duka ga asusu. Kamar rumbun tsimi ne: wanda ya zuba dami da kaka, shi ke ɗiba da bazara.

Inda gizo ke saƙa

A shekarar 2004 aka yi zaɓen ƙananan hukumomi. A 2011 aka cire Dungas daga Magarya, ta zama gunduma. Yau Magarya na da ƙananan hukumomi 7, Dungas na da 4. Kowace ita ke biyan ma'aikatan da ta ɗauka.

To, ina take samun kuɗi? Daga lanho, da kuɗin kasuwa, da na kara, da na tasha, sai abin da gwamnati ta taimaka. In damina ta yi gardama, lanho ba ya shiga. In iyakar Najeriya ta rufe, kamar yadda aka yi a 2023, kasuwa sai ta yi sanyi. Sa'an nan wata hukuma takan biya albashi da ƙyar, ta bar kason asusu ya zama bashi. Ranar da tsoho ya kai takardunsa, sai a tarar da watannin da ba a zuba masa ba. Nan jira ke farawa.

Wani jinkirin kuwa daga takardu ne. Suna a takardar haihuwa daban, a katin asusu daban. Ko kuma shekarun ba su yi daidai ba. Daga Magarya zuwa Damagaram tafiyar kilomita wajen 90 ce, kuma kowane zuwa da kuɗin mota.

Abin da ya kamata a yi

Ma'aikaci, tun kana da ƙarfi ka san lambarka ta asusu. Ka adana takardar ɗaukarka aiki da takardun albashi inda gara da ruwa ba su kai. Ka je ofishin CNSS na Damagaram ka tambaya ko ana zuba maka. In an ƙi sauraronka, akwai sufetan ƙwadago. Ka yi wa aurenka da 'ya'yanka takarda, don in ka rasu matarka da marayu suna da rabo.

Shugabanni, abin da aka cire daga albashi amana ne. Kada a taɓa shi don wata hidima.

Mu kuma talakawa, mu biya lanho da wuri, mu karɓi takardar shaida, mu karanta abin da aka rubuta a kai. Ga amfanin yaƙi da jahilci ke nan. Da ruwan ciki ake jan na rijiya.

Allah ya ba tsofaffinmu haƙƙinsu tun suna da rai, amin.