Shirin Musamman: Ƙofar da Ta Shekara 12 a Buɗe

Yau za mu leƙa cikin manyan kwamfutocin da ke riƙe da shafukan intanet, waɗanda da yawansu da Linux suke aiki.

A irin waɗannan kwamfutoci kowa da iyakarsa. Ƙaramin ma'aikaci abin da ke cikin asusunsa kaɗai zai taɓa, wuƙa da nama kuwa suna hannun asusun da ake kira root. A tsakaninsu akwai manhajar Polkit, wadda take kamar dogarin ƙofar fada: ita ke tantance wanda zai kunna ko ya kashe wani aiki na kwamfutar, da wanda za a mayar baya.

Ranar 25 ga Janairun 2022, masu bincike na kamfanin Qualys da ke Amurka suka bayyana cewa akwai ɓaraka a wani ɓangaren Polkit mai suna pkexec. Suka raɗa mata suna PwnKit. Tun watan Mayun 2009 take nan, sama da shekara 12.

To, yaya abin yake? Ko wa ya kira pkexec, da ikon root take aiki. An gina ta bisa zaton cewa mai kiranta zai miƙo jerin kalmomin umarni, ko da sunanta ne kaɗai. Idan aka miƙo jerin babu komai a ciki, sai ta zarce ta ɗauko abin da ke gaba a ƙwaƙwalwar kwamfutar, wanda mai kutse ne ya ajiye shi. Daga nan sai ta aiwatar da umarninsa da cikakken iko. Qualys ya gwada hakan a nau'o'in Linux na Ubuntu da Debian da Fedora da CentOS, ko'ina ya samu shiga.

Gaskiya ne sai mutum yana da asusu a kwamfutar tukuna, amma kalmar sirri ɗaya da aka sace ta wadatar. A watan Yunin 2022 hukumar CISA ta Amurka ta sanya PwnKit cikin jerin ɓarakar da masu kutse ke amfani da su.

An fitar da gyara tun a Janairun 2022, sai dai kwamfutar da ba a sabunta ba, ƙofarta na nan a buɗe. Don haka masu kula da kwamfutocin ofisoshi da makarantu, a sabunta manhajoji a kan kari, a kuma rufe asusun duk wanda ya bar aiki.