Shari'ar Masu Furfura da Reluwen Faransa

A watan Fabrairu na 2021 aka ƙaddamar da aikin hanyar jirgin ƙasa daga Kano zuwa Maraɗi, wadda aka tsara ta ratsa Kazaure da Daura da Katsina. Ba shakka samarin Roni da Gwiwa da Babura za su nemi aikin Reluwe in hali ya yi. Saboda haka ya kamata iyayensu su ji labarin wata shari'a da aka yi a birnin Faris, tsakanin waɗansu tsofaffin ma'aikata da kamfanin jirgin ƙasa na Faransa, wato SNCF.

Asalin maganar shi ne, wajen 1970 kamfanin ya rasa masu aikin ƙarfi, sai ya aika Maroko ya ɗebo samari kimanin 2,000. Takardar da suka sa wa hannu ta ce za a yi musu daidai da yadda a ke yi wa Faransawa. Amma kamfanin yana da wata ƙa'ida tasa, cewa ba mai zama cikakken ma'aikaci sai ɗan ƙasa. Wanda ba cikakke ba kuwa, ba ya zauna jarrabawar ƙarin girma. To, inda gizo ya yi saƙa ke nan. Mutum ya shekara 30 yana haɗa taragu cikin dare da sanyi, yaron da ya koya wa aiki ya zama shugabansa, shi yana nan inda aka ajiye shi tun ran farko. Abokan aikinsu suna hutawa da shekara 55, su sai sun kai 60 ko fiye, sa'an nan fanshon da za su karɓa bai kama ƙafar na waɗancan ba. Da yawa sun karɓi takardar zama 'yan ƙasa daga baya, amma aka ce wa waɗansu shekarunsu sun wuce, waɗansu kuma aka ƙi lissafa musu shekarun da suka riga suka yi.

Faransawa suna kiransu Shibani. Malamai ba su bukatar a fassara musu, gama daga shaibu ne, wato furfura. Sunan kuwa ya dace, don fiye da shekara 10 suka yi suna kai da kawowa a kotu, har waɗansunsu suka riga mu gidan gaskiya ba su ji hukunci ba.

Kamfani bai musa cewa ya bambanta su ba. Hujjarsa ita ce, doka ya bi. A nan akwai abin lura ga masu sanin shari'a. A gaban alƙali an saba mai da'awa shi ke kawo shaidu. Dokar aiki ta Faransa kuwa, a kan maganar nuna bambanci, ta raba nauyin biyu: ma'aikaci ya kawo abin da zai sa a yi zato, sa'an nan mai gida ya tabbatar da cewa wani dalili ne na gaskiya ya hana girman, ba asalin mutum ba. Hikima ce, don littattafan aiki duk suna hannun mai gida, lebura ba shi da mabuɗin ofis.

Ran 21 ga Satumba 2015 kotun ma'aikata ta Faris ta ba Shibani gaskiya, ta yanke diyya wadda jimlarta ta kai wajen Yuro miliyan 170. Kamfani ya ɗaukaka ƙara. Ran 31 ga Janairu 2018 kotun gaba ta tabbatar da laifin kamfani ga mutum 848, shi kuwa bai ƙara gaba ba.

Ƙasarmu ma ta san irin wannan miki. A zamanin Turawa manyan kujerun Reluwe nasu ne, kuma 'yan Reluwe, da Michael Imoudu a gaba, su ne ƙashin bayan yajin aikin 1945 wanda ya wuce kwana 40. Wancan a titi aka yi shi. Tun gyaran tsarin mulki na 2010, rigimar ma'aikaci da mai gidansa, har da ta hana girma, Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ce ke da ikon jinta, tana kuwa da reshe a Kano.