Alƙalin wasan da ya kaɗa ƙararrawa a Montreal

A gidajen kallo na Zariya, daga Hanwa zuwa Tudun Wada, matasa sun daɗe suna musu kan ko reslin ɗin Amurka gaskiya ne ko wasan kwaikwayo. Amsar tana wurin mutumin da ba a cika kula da shi ba, wato alƙalin wasa.

A kokawar gargajiya, kamar gasar Takobi da Nijar ta fara a 1975, alƙali ba ya sanin wanda zai yi kaye. A reslin kuwa tun kafin a shiga fili an tsara wanda zai ci. Alƙalin yana saye da na'ura a kunne, masu shirya wasan na gaya masa lokacin da ya rage, shi kuma ya raɗa wa 'yan wasan. Idan wani ya ji ciwo na gaske, sai ya gicciya hannuwansa sama domin a kawo agaji.

Earl Hebner na daga cikin waɗanda suka fi suna a wannan aiki. Ya shiga kamfanin WWF a 1988, a karawar Hulk Hogan da Andre the Giant, inda aka yi amfani da kamanninsa da tagwaininsa Dave wajen rikita 'yan kallo.

Amma abin da ya bi shi har tsufa ya faru ne ranar 9 ga Nuwamban 1997 a Montreal. Bret Hart, wanda ke riƙe da kambun, yana shirin komawa kamfanin WCW, kuma ya ƙi yarda Shawn Michaels ya kayar da shi a ƙasarsa Kanada. Aka amince cewa wasan zai ƙare ba tare da Hart ya rasa kambun ba. Hart ya ce Hebner ya rantse masa da 'ya'yansa cewa ba zai ci amanarsa ba.

Sai dai da Michaels ya murɗe ƙafafun Hart, mai kamfanin, Vince McMahon, ya ba da umarni, Hebner ya sa aka kaɗa ƙararrawa alhali Hart bai miƙa wuya ba. Nan take ya fice daga zauren a guje.

Da ba a yi fim ba, da batun ya tsaya a ka-ce-na-ce. A lokacin, Paul Jay na ɗaukar fim na gaskiya kan rayuwar Hart, kuma Hart na ɗauke da makirufo sa'ilin da yake ƙulla yarjejeniyar da McMahon. Fim ɗin, Wrestling with Shadows, ya fito a 1998, jama'a suka ji maganar da kunnensu.

An sallami Hebner daga kamfanin a 2005, ya koma TNA. A 2019 ya zauna gaban kyamarar shirin Dark Side of the Ring, inda ya bayyana cewa dab da fara wasan aka faɗa masa abin da zai yi.